Matar Wane A Baki, 'Yar Wane A Takarda

Watan jiya na raka Gwaggona wani banki a kan titin Yakubu Gowon. Tun ƙarfe 9 na safe muke kan layi. Gwaggo ta yi shekara 35 tana koyarwa a firamare, ta ajiye alli, abin da ya rage mata a duniyar aiki shi ne 'yan kuɗinta su riƙa faɗawa asusu a ƙarshen wata. Sun ƙi faɗawa.

Ta zo da baƙar leda. A cikin ledar akwai wata ledar, a cikinta kuma wani tsohon fayil da gefensa ya cinye, an ɗaure shi da roba. Da layi ya zo kanmu, yaron da ke bayan kanta ya jera takardun, ya dubi kwamfuta, ya sake dubansu.

"Mama, sunan nan bai zo ɗaya ba."

"Wanne daga ciki?"

"Duka, Mama. Na satifiket daban, na wurin aiki daban, na BVN daban."

"To ai duk ni ce, ɗan nan."

"Ni na yarda, Mama. Kwamfutar ce ba ta yarda ba."

Ban ga laifin yaron ba, aikinsa yake yi. Satifiket ɗin Gwaggo na kwalejin horon malamai yana ɗauke da sunan mahaifinta. Fayil ɗin wurin aiki yana ɗauke da sunan mijinta na fari, saboda wani akawu ya ce mata matar aure dole ta koma Misis, ya sa biro ya soke sunan uban ya rubuta na mijin a samansa. Auren nan shekara 6 ya yi ya mutu, sunan ya zauna. BVN kuma, wato lambar tantancewa ta banki, mijinta na biyu, Allah ya jiƙansa, shi ya kai ta ya cike fom da hannunsa, ya sa nasa sunan. Mace ɗaya, suna uku, kuma babu ko ɗaya a cikin sauye-sauyen nan da ita ta zauna ta ce tana so.

Tun a cikin Keke muna komawa Kawo nake ta jujjuya abin. Ra'ayina dai shi ne mace Bahaushiya ta bar sunan mahaifinta a kan takardunta, ko ta yi aure ko ba ta yi ba. A unguwa a kira ta matar wane, a gida a kira ta Maman wane, a katin biki a rubuta abin da aka ga dama. Amma katin ɗan ƙasa, asusun banki, fasfo, fayil ɗin aiki, takardar fili, waɗannan a ƙyale su yadda suke.

Babu wata dokar Najeriya da ta ce sai mace ta ɗauki sunan mijinta. Mutane da yawa ba su san haka ba, har da wasu masu zama a bayan tebur suna cike wa jama'a fom.

Mu ba mu da irin sunan nan nasu

Al'adar nan daga Ingila ta zo mana. A can, tsohuwar dokarsu ta ɗauki matar aure a matsayin wadda ta shige ƙarƙashin inuwar mijinta, ita da abin hannunta. Sai a 1882 majalisarsu ta yi dokar da ta sakar wa matar aure cikakken iko da dukiyarta. Sunan ne ya yi saura. Kuma su suna da sunan zuri'a, wanda kaka da jika da tattaɓa-kunne duk suke amsawa. Idan mace ta ɗauke shi, ta shiga wani gida ne mai suna.

Namu ba haka yake ba. Bahaushe sunansa na biyu sunan ubansa ne, ko sunan garinsu. Shi ya sa muke da Aminu Kano, da Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Shehu Shagari. Idan ka ji Hauwa Musa, ka san ana nufin Hauwa 'yar Musa. Babu wata fassara.

To mu ɗauka Musan nan ya auri Binta, ta je ta mayar da sunanta Binta Musa. Suka haifi Hauwa da Zainab. A takarda ga Binta Musa, ga Hauwa Musa, ga Zainab Musa. Duk Bahaushen da ya karanta zai ce 'ya'yan Musa ne su uku, Binta ce babbar. Uwa ta koma yayar 'ya'yanta.

Wata ta ce to ita sunansa na biyu za ta ɗauka, kamar yadda Turawa suke yi. Shi Musa Ibrahim ne, ita ta zama Binta Ibrahim. Yanzu kuma ta zama 'yar surukinta, wato ƙanwar mijinta uba ɗaya. An yi gudun gara an faɗa gidan zago.

Ga kuma abin da Baturen da ya ƙago tsarin bai taɓa lissafawa ba: kishiya. Gida mai mata uku, Misis Musa uku ke nan. In aka yi dace biyu daga ciki Fatima ne, abin da ba baƙo ba ne a garin nan, sai ka tausaya wa mai neman kati a asibiti.

Ranar ɗaurin aure ma, me ake shelantawa a ƙofar masallaci bayan an biya sadaki an raba goro? An ɗaura auren wane ɗan wane da wance 'yar wane. Da sunan ubanta aka ba da ita, a gaban waliyyinta da shaidu. Ban taɓa jin inda liman ya ƙara da cewa daga yau an cire mata shi ba.

"Ai alamar so ce"

Wannan ita ce hujjar da na fi ji daga bakin amare, kuma ba na raina ta. Yarinya tana ɗokin mijinta, ta canza suna a Facebook tun kafin a kai lefe, ƙawaye suna ta yi mata kirari da Misis wane. Abin sha'awa ne. Facebook ɗin ma ba ya tambayar takardar kotu, ranar da aka gaji a goge.

Abin da ke ba ni dariya shi ne yadda alamar so ta juye a cikin zamani biyu kacal. Kakata har ta koma ga Allah ban ji sunan kakana a bakinta ba. Malam take cewa. Jikan da aka sa wa sunansa kuwa Maigida take kiransa. A wurinta kunyar sunan miji ita ce girmamawa. Yau jikanyarta tana tsaye a layin awo, ana ƙwala kiran sunan mijinta tana amsawa da "Na'am".

In so ne, sai na tambaya: a cikin su biyun wa zai bi layi? Shi angon babu takardarsa ko ɗaya da za ta motsa. Satifiket ɗinsa na firamare da fasfonsa da asusunsa za su tafi bai ɗaya har ranar da za a raba gadonsa. Ita kaɗai ce za ta yi yawon ofisoshi, galibi da ciki ko da goyo.

Kuma ba mugun baki nake yi wa kowa ba, amma mu nan mun san yadda aure yake mutuwa a tsakaninmu. Babu gidan da ba shi da bazawara, ko wadda ta taɓa zama. Wani auren saki ne ke raba shi, wani mutuwa. Mace ta gama idda, Allah ya kawo wani mijin, ta tare, amma katin cirar kuɗinta yana ɗauke da sunan wancan. Duk kuɗin da sabon maigida zai tura mata, sai wayarsa ta nuna masa sunan tsohon. Na san gidan da aka kwana ba a magana saboda wannan. Zanen aro ba ya rufe katara.

Uba kuwa ba a sakinsa. Ko ya mutu, ko ya talauce, ko kun ɓata, shi ne dai.

Yara fa, da tafiye-tafiye?

Wasu suna cewa in sunan uwa ya bambanta da na 'ya'yanta za a sha wuya a makaranta ko wurin neman biza. Takardar haihuwa ta Hukumar Ƙidaya tana da gurbin sunan uwa da na uba. Ita ke nuna yaron na waye. Takardar aure kuma ita ke nuna matar ta waye. Ofishin jakadanci ba ya gamsuwa da cewa sunanku ya zo ɗaya, domin Musa nawa ne a Rigasa kaɗai?

Duniya ma ta saba da wannan. Matan Larabawa ba sa canza suna. Na Sin da na Koriya haka. A yankin Kwibek na Kanada tun 1981 mace ba ta ɗaukar sunan miji a takardun hukuma, Girka kuma ta bi wannan hanya a 1983. Duk suna hawa jirgi da 'ya'yansu.

A nan ne nake ganin mun kama reshe mun bar tushe. Aurenmu da yawa ba shi da takarda ko ɗaya. An ɗaura a masallaci, an yi fatiha, an watse. Ango da zai ɗauki rabin ƙarfin da yake matsa wa amarya ta canza suna, ya je kotun shari'a ko ƙaramar hukuma ya samo musu takardar shaidar aure, da ya yi mata abin da zai amfane ta ranar da babu shi. Takardar ce za a nema wurin haƙƙin mamaci, ita ce za a nema wurin biza.

Gwamnati da kanta ba ta yarda aure ya canza wa mace asali ba. 'Yar Zariya ta auri Bakatsine, ta ɗauki sunansa, ta haifa masa goma. Ranar da za ta nemi takardar shaidar ƙaramar hukuma don aiki ko karatu, Zariya za ta koma, a tambaye ta gidan wa ta fito.

"Ai gyaran ba wuya yanzu"

Masu faɗin haka ina jin ba su taɓa yi ba.

A zamanin su Gwaggo, takarda ba ta san takarda ba. Fayil yana can a kabad yana shan ƙura, littafin banki yana ƙarƙashin katifa, babu mai haɗa su. Mutum zai iya rayuwa da suna uku ya mutu lafiya. Wannan zamanin ya wuce. An kafa hukumar katin ɗan ƙasa, NIMC, a 2007. Babban Banki ya fito da BVN a 2014. A Disambar 2020 aka ce kowa ya haɗa layin wayarsa da NIN, wato lambar katin ɗan ƙasa. Daga 2021 JAMB ba ta yi wa yaro rajista sai da ita. Fasfo ma sai bayanansa sun dace da na NIN. Lambobi 11 a nan, lambobi 11 a can, kuma duk suna leƙen juna. Harafi ɗaya ya kauce, Aisha a nan A'ishatu a can, sai a ce ki dawo gobe. Balle a ce sunan gaba ɗaya wani ne.

Wadda za ta canza, ga abin da ke gabanta. Za ta je kotu ta yi takardar rantsuwa, wadda muke ce wa afidabit. Za ta biya jarida a buga mata sanarwa a ɗan akwatin nan da bai fi kwalin ashana ba. Ta sayi jaridar ta adana, don za a yi ta tambayarta har tsufa. Ta haɗa da takardar aure. Daga nan ta gyara NIN, ta jira ya hau. Sai banki, kuma in asusunta uku ne, bankin uku za ta zaga. Sai sabon fasfo, ko da tsohon bai ƙare ba. Sai katin zaɓe, lasin tuƙi, fayil ɗin wurin aiki, kamfanin fansho, inshorar lafiya. Kowace ƙofa da kuɗinta, da hotonta, da kuɗin motarta, da ranar da za a ce babu sabis.

Bayan duk wannan, akwai takardun da ba za su bi ta ba. Sakamakon WAEC, digirin jami'a, takardar bautar ƙasa, ba a sake buga su don mutum ya yi aure. Har abada suna nan da sunan uba. Ma'ana duk inda za ta nemi aiki ko ƙarin girma ko ƙarin karatu, sai ta tafi da guntuwar jarida tana bayanin cewa waccan da wannan mutum ɗaya ce. In auren ya mutu ta koma sunan farko, zagaye na biyu ke nan, jarida ta zama biyu.

Wanda yake ganin saɓanin suna ƙaramin abu ne ya tuna Bayelsa. Ranar 13 ga Fabrairun 2020, ana gobe za a rantsar da David Lyon gwamna, Kotun Ƙoli ta rushe zaɓensa. Ba a kan ƙuri'a ba. Mataimakinsa ne aka samu sunaye mabambanta a takardun da ya miƙa wa hukumar zaɓe. Kujerar gwamna sukutum ta tafi. In haka ta faru da masu manyan lauyoyi, ina ga malamar firamare da baƙar leda?

Matan manya

An ce mini ai Maryam Babangida da Turai 'Yar'aduwa da Aisha Buhari duk da sunan mazajensu aka san su. Gaskiya ne. Sai dai ban taɓa cin karo da matar shugaban ƙasa a layin gyaran BVN ba.

In misali ake nema, muna da namu. Nana Asma'u, wadda ta rasu a 1864, matar Waziri Giɗaɗo ce, babban mutum a daular Sakkwato, amma har gobe 'yar Shehu ake ce mata, 'yar Fodiyo. Nan kusa da mu, Hajiya Gambo Sawaba ta yi aure fiye da sau ɗaya, amma sunan da ke kan asibitin Ƙofar Gayan a Zariya ba na ko ɗaya daga mazajen ba ne. Sawaba daga gwagwarmayar jam'iyyar NEPU ta samo shi. Da ta riƙa sauya suna da kowane aure, da yanzu ana gardamar wanne za a rubuta a allon.

Ta fuskar addini ni ba malama ba ce, ba zan yanke hukunci ba. Abin da kowa ya karanta a Islamiyya dai shi ne aya ta 5 a Suratul Ahzab, wadda ta ce a kira su da sunan ubanninsu. Da wannan ayar Zaidu, wanda ake kira ɗan Muhammadu, ya koma Zaidu ɗan Harisa. Matan Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ba wadda ta bar sunan ubanta: A'isha 'yar Abubakar, Hafsatu 'yar Umar, har Safiyya 'yar Huyayyu, wadda ubanta ya mutu yana gaba da Musulunci. In da akwai mijin da ya cancanci a ɗauki sunansa, ai shi ne. Malamai sun yi saɓani, wasu sun hana, wasu sun ce in don a gane mutum ne kawai ba don a musanta uba ba to da sauƙi. Amma ban ji wanda ya ce wajibi ne ko mustahabbi ba.

Maƙwabtanmu Kiristoci na Barnawa da Sabon Tasha, da yawansu suna da sunan gida na gaske wanda ake gada, kuma aurensu na coci yakan zo da takardarsa tun ranar farko. Lissafinsu daban ne, ba ni da ta cewa a kai, illa dai layin gyaran takarda bai san addinin kowa ba.

Wadda ta ce ita dai tana so

Haƙƙinta ne. Akwai wadda ubanta ya watsar da ita tun tana zanen goyo, sunansa ba ya tuna mata komai sai baƙin ciki. Akwai wadda za ta bi miji wata ƙasa ta ga hakan ya fi mata sauƙi. Akwai wadda ba ta da wani dalili, ranta ne ya so. Ba zan tsaya a ƙofar kotu ina kore su ba.

Abin da zan roƙe ta shi ne in za ta yi, ta yi shi duka, a lokaci guda, ta fara da NIN, kuma ta yi da ƙafarta. Abin da ya kassara Gwaggo rabi-da-rabi ne: an canza nan an bar can, kowa ya riƙe biro ya rubuta abin da ya ga ya dace da ita. Kada ta bari miji ko ɗa ko yaron shagon kwamfuta ya cike mata fom tana zaune a gefe. Ba a fafe gora ranar tafiya, kuma ranar tafiyar nan takan zo ne a sifar ritaya, ko kujerar Hajji, ko rasuwar maigida, lokacin da mutum ba shi da ƙarfin zirga-zirga.

Masu cike fom a ofisoshi kuma su daina yanke wa mata hukunci. Mace ta ce tana da aure, ba ta ce ka canza mata suna ba. Tambayar "Madam, sunan Oga fa?" tana da gurbinta a fom, wurin magaji ko wanda za a kira in wani abu ya faru. Ba a layin farko take ba.

Mazan da suke mayar da abin gwajin biyayya su ma ina da tambaya gare su. Kai da ka haifi 'ya mace, ka yi mata huɗuba, ka yanka rago, ka biya kuɗin makaranta tun daga nazare har ta ɗauko digiri, yaya za ka ji ranar da aka kira ta a taro za a ba ta lambar yabo, ka ji sunan wani yaro da ka sani jiya a inda naka yake? Yadda ka ji ɗin nan, haka surukinka yake ji.

Gwaggo dai ta zaɓi komawa sunan mahaifinta, tunda shi ne a satifiket kuma shi ne a NIN. Mun yi rantsuwar, mun biya jarida. Ranar da ta fito na sayo biyu na kai mata. Ta sa tabarau ta bi shafin da yatsa, akwati bayan akwati, kusan duka 'yan mata ne masu cewa a da an san su da kaza, yanzu Misis kaza, takardun baya suna nan daram. Nata yana can ƙasa ta hannun hagu, shi kaɗai yake tafiya baya.

Ta daɗe tana kallon na amaren. Ta ce, "Allah ya sa mutu-ka-raba ne."

Ta ninke jaridar gida huɗu, ta cusa a fayil, ta mayar da robar. An ce mu koma ranar Litinin da kwafi uku-uku da hoto mai farin bango.